Ɗorawar Paulina a Gonar Aro

Ni Maimunatu mai daddawa ba na shiga sharo ba shanu, amma wanda ya taɓa ɗorawa ya taɓa ni. Tun ban kai tsayin turmi ba nake hura wuta ƙarƙashin tukunyar kalwa, ga shi yau hayaƙi ya kusa cinye mini ido ɗaya. Duk ɗorawar da ke tsakanin ƙauyenmu da hanyar Anka na san ta. Na san wadda garinta ke da zaƙi har yara na faɗa a kanta. Na san mai ƙananan kalwa baƙaƙe masu taurin kai, waɗanda sai sun ƙarar miki da itacen wuta kafin su nuna. Akwai ma wadda ba ta da wani abin kirki sai ɓawonta, a jiƙa a yi makuba a shafe daɓen ɗaki. Kuma na san mai kowace.

A wajenmu gona daban, itace daban. Wanda ya shuka ɗorawa shi ke da ita, ko a gonar wa take, shi da 'ya'yansa da jikokinsa. Ko an sayar da gonar, ko an raba ta gado, ba mai hana shi bin hanya ya je gindin itacensa. Shi ya sa wanda aka ba aron gona ba ya shuka itace mai 'ya'ya sai da yardar mai gona, don in ya shuka, ya kafa ƙafarsa ke nan a wurin har abada.

Paulina ba ta san wannan ba lokacin da ta zo. Daga can ƙasar Filato aka turo ta ɗakin shan maganinmu, muna ce mata Sista. Mijinta Malam Alfred yana koyarwa a firamare. Suna da ɗiya guda, Loveth, 'yar ƙarama mai shegen surutu, ba gidan da ba ta shiga. Yayana Makau ya ba su aron gona a bayan gari suna ɗan noma gero da wake.

Sai shekarar nan ta zo, shekarar da gubar dalma ta ci yara a Dareta da ƙauyukan da ke kewaye, har da namu. A cikin gidaje ake dakan dutsen zinariya a lokacin, a turmin da ake dakan hatsi, yara na birgima cikin ƙurar. Loveth ma ta yi birgimarta tare da namu. Uwar tana can tana fama da 'ya'yan mutane masu jijjiga, tata ta soma. Ba ta daɗe ba.

Inda za a sa ta ya zama magana. Maƙabartar Kiristoci tana Anka, ga damina ta yi nisa, rafi ya cika ya yanke hanya, ko babur ba ya wucewa. Mutane suka yi cirko-cirko a ƙofar gida, kowa na kallon ƙasa. Yaya Makau ne ya buɗe baki ya ce a kai ta gefen gonar da ya ba su. Ya ce ƙasa ba ta ƙin kowa. Malam Alfred ya ɓalle katakon bencin gidansu ya haɗa ɗan akwati, aka kai ta.

Bayan an share makoki, rannan na ga Paulina za ta wuce ta ƙofar gidana da wani ɗan tsiro a baƙar leda.

"Sista, mi ke nan?"

"Itace ne, Inna. Irin wanda ma'aikatan gandun daji ke rabawa. Sun ce ɗorawar Bature ce, tana saurin girma. Zan dasa a kan Loveth don kada wurin ya ɓace."

Na karɓa na duba. Ganyen dai kamar na ɗorawa, amma sunan kawai ta ara. Na san irinta, akwai su a bakin makaranta. Sai tsawo da inuwa, ba kalwa ba gari, iska mai ƙarfi in ta zo ta karya ta.

Na ce, "Jefar da wagga. Wa zai ce miki kina da itace don kin dasa abin da ko akuya ba ta damu da shi ba? Ranar da mai gona ya so, zai sare ta ya yi dirkar rumfa, kuma ba mai ce masa don mi. Yaya Makau mutumin kirki ne, amma ba zai dawwama ba, aro kuwa sunansa aro. Ranar da aka karɓe gonar nan, ta ina za ki bi ki je wurin ɗiyarki?"

Na ga ba ta taɓa kawo wannan a ranta ba, kuma na ga ya shige ta.

Na bayyana mata yadda abin yake a wajenmu. Washegari na ja ta har zauren Yaya Makau, na sa aka kira liman da Maigari don su zama shaida. Yaya ya daɗe yana jan carbi, don ya san nauyin abin da ake roƙonsa. Can ya ce, "Ta shuka. Ku ji da kunnenku, na yarda."

Kalwar ɗorawar innata na zaɓo mata, manya masu sheƙi. Na zuba musu ruwan zafi suka kwana a ciki don ɓawon ya yi laushi, in ba haka ba sai su shekara a ƙasa ba su tsaga ba. Na ce mata ba a reno a leda a dasa, don ɗorawa saiwarta ƙasa take nufa tun tana jaririya, in aka motsa ta ta yi fushi ke nan. A wurin da za ta zauna ake binne ta. Da hannunta ta binne, daga wajen kan kabarin, ɗan nesa kaɗan. Muka kewaye da ƙayar magarya saboda awaki. Da suka tsiro muka bar mai ƙarfin, muka cire sauran.

Mata suka yi ta ce mata wanda ya shuka ɗorawa ba ya cin 'ya'yanta, haka tsofaffi ke faɗa. Ta ce ita ba don ci ta shuka ba. Duk rani tana ɗaukar jarka daga rijiya zuwa bayan gari, da farar rigar aikinta, mutane na mata kallon wadda ta zautu. Sau biyu ana yi mata canjin wurin aiki tana zuwa tana roƙo a bar ta. Abokan aikinta duk sun gudu da hanya ta lalace, ita tana nan. Allah bai sake ba su haihuwa ba.

Ɗorawa kuwa ta yi abin da ɗorawa ke yi, a hankali, ba gaggawa. Ta wuce tsayin mutum, ta wuce tsayin ɗaki, ta buɗe rassa. Shekarar da ta fara fitar da jajayen furanninta masu lilo, Paulina ta zo da gudu kamar yarinya ta ja ni in je in gani. 'Ya'yan farko ni ta kawo wa, na yi mata daddawa da su. Kowace Lahadi in sun gama addu'arsu, can za ka same ta zaune a gindin, ta miƙe ƙafa, wani lokaci tana tsinkar zogale a tire, wani lokaci tana zaune kawai.

Yaya Makau ya rasu. Gonar ta faɗa rabon ɗansa Jabiru.

Jabiru a hannuna ya girma, ni na yaye shi. Ba mugun yaro ba ne, amma tun da ya shiga ramukan zinariya idonsa ya canza, ba ya iya kallon ƙasa ya ga ƙasa. Bayan girbi sai ga shi da wasu baƙi, ɗaya na riƙe da wani ƙarfe mai faifai a baki yana shafa shi a kan ƙasa. Ina tsintar kara a gonar maƙwabta na gan su. Suka bi gonar daga wanga gefe zuwa wancan, abin shiru. Da suka doshi inuwar ɗorawa sai ya soma kuka, wani siririn kuka kamar na ɗan tsako. Suka ja baya, ya yi shiru. Suka matso, ya sake. Baƙin suka dubi juna. Ni kuwa na yar da karan na tafi gida.

Ba a yi mako ba Jabiru ya aika wa Malam Alfred cewa yana son gonarsa. Wannan haƙƙinsa ne, ba wanda ya ja. Amma da ya ce itacen ma a sare, sai na ɗaura gyale na riga kowa isa ƙofar Maigari.

"Ranka ya daɗe, kana wurin. Liman yana wurin. Ko kunnuwanku sun tsufa ne?"

Maigari ya ce in zauna in yi haƙuri. Na ce ba zan zauna ba. Aka kira Jabiru, aka kira Paulina da mijinta. Liman ya faɗi abin da ya ji daga bakin Makau, bai rage ba bai ƙara ba. Maigari ya yanke: itace nata, ƙasa tasa. Ba mai sa wa ɗorawa gatari, kuma dole a bar mata hanyar zuwa gindinta.

Wallahi ranar na ji daɗi. Har guɗa na yi a ƙofar fada, na ce wa Jabiru, "Ka ji ko, ɗan nema? Gobe ma ka ƙara." Ya dai sunkuyar da kai ya ce, "Na ji, Goggo." Na ɗauka kunya ce.

Ba su taɓa itacen ba. Ko ganye ɗaya ba su tsinka ba. Rami suka fara daga gabas, nesa da inuwar, suka yi ƙasa. Suka buɗe wani daga kudu. Kafin sanyi ya wuce ramukan sun haɗe, sun zagaye ɗorawar, sai wata 'yar siririyar hanya da suka bari, wadda in za ki bi sai kin ɗora ƙafa a gaban ƙafa. Hukuncin Maigari ai an cika shi. Duk saiwar da ta miƙo cikin raminsu kuwa sai su datse, su ce a ƙasarsu take.

Mutanen da ke haƙar ba namu ba ne. Ba sa gaisuwa, ba sa sayen daddawa, ba mu san sunan kowa ba. Suka kafa bukkoki na leda da injin da ke ruri tun safe. Bayan su sai ga waɗansu kuma, masu zuwa a kan babura daga daji, da rawani ya rufe fuska da abin nan rataye a kafaɗa. Sukan tsaya bakin ramin, a ba su abin da za a ba su, su juya. Tun daga ranar da suka fara zuwa, Maigari ya daina zama a ƙofar gida.

Rassan gabas suka fara yin rawaya. Lokacin fure ya zo, gefe ɗaya kawai ya fitar, su ma 'yan ƙanana. Zumar da ke cika itacen da ƙugi kowace shekara ba ta zo ba. Paulina dai ba ta fasa ba. Kowace Lahadi za ta bi siririyar hanyar nan, rami dama rami hagu, mahaƙa na ɗago kai suna kallonta, ta je ta zauna.

Na tare Jabiru a bakin masallaci, ban damu da mutane ba.

"Kai, don ubanka, wanda yake yayana, mi kake yi haka? Kabari ne a wurin! Tare kuka ci tuwo da yarinyar nan a akushi ɗaya!"

Ya ja ni gefe. Sai a lokacin na lura ya rame, leɓensa duk ya bushe.

"Goggo, rage murya don Allah. Wurin nan ba a hannuna yake ba yanzu. Na kawo su, amma ba ni iya cewa su tashi. Ko ni sai an ba ni izini nake shiga."

"To ka je ka faɗa musu akwai baiwar Allah kwance a wurin."

"Na faɗa. Sun ce jijiyar dutsen ta ƙarƙashin itacen ta bi."

Na dube shi. Tsoro na gani a idonsa, irin wanda ban taɓa gani ba tun yana yaro.

Wata Lahadi da la'asar, ina tsame kalwa daga tukunya, Paulina ta shigo ba sallama. Ba ta taɓa yin haka ba. Ta zauna a kan turmi, ƙafafunta duk jar ƙasa.

"Inna, ina jin su."

"Su wa?"

"Masu haƙa. Na zauna a wurin da nake zama, sai na ji ƙasa na motsi. Na kwantar da kunnena. Ina jin diga, Inna. A ƙarƙashinta suke. Har tarin wani na ji."

Na ɗebo ruwa na ba ta, ta riƙe kofin ba ta sha ba.

Bazara ta shigo da zafinta. Ƙasar gindin ɗorawar ta tsage, tsaga ta bi ta gefen kabarin har bakin rami, tun tana shan yatsa har ta koma shan hannu. Itacen ya ɗan karkata gabas. Kullum da rana hadari na haɗuwa ta wajen gabas, ya yi baƙi, ya yi gunaguni, ya watse. Duk wanda ya san ƙasa ya san ruwan farko mai ƙarfi in ya sauka, wurin nan gaba ɗaya zai rufta cikin ramin, da itacen da abin da ke ƙarƙashinsa. Daga nan kuma sai injin niƙa da wurin wanki, don su ba sa tsince abin da suka kwaso.

Malam Alfred ne ya fara furtawa. Ya ce a ɗauke ta a kai ta Anka. Paulina ta ƙi, ta ƙi, har ranar da yayyafi ya sauka, gefen hanyar ya zube, ta koma sai da rarrafe. Sannan ta ce to.

A wajenmu tone kabari ba ƙaramin abu ba ne, ko faɗarsa ba a so. Na je na tambayi liman ko zan iya zuwa. Ya ce larura ce, kuma maƙwabtaka tana da haƙƙi. Da ma ko ya hana sai na je. Jabiru ya roƙo mana safiyar Juma'a zuwa azahar, lokacin da mahaƙan ke tafiya kasuwa da masallaci. Shi kansa bai zo ba.

Mu huɗu ne. Ni, da Paulina, da Malam Alfred, da wani ɗan cocinsu mai suna Shadrach da ya zo daga Anka a kan babur da shebur da gatari. Muka rarrafa muka haye. Ban leƙa ramin ba, amma ina jin sanyin da ke fitowa daga cikinsa a fuskata. Gabas kuwa hadari ya riga ya fara haɗuwa tun da hantsi, ba iska ko kaɗan.

Mazan suka fara haƙa a hankali. Ba su yi nisa ba shebur ya daki abu. Malam Alfred ya durƙusa ya share da hannu. Saiwa ce, kaurinta ya kai cinyar mutum, ta taso daga gindin itacen ta bi ta kan kabarin a tsaye, daga kai har ƙafa. Suka haƙa ta gefenta. Akwatin babu shi, gara ta cinye tuntuni. Abin da ke wurin saiwoyi ne ƙanana, sun sauko daga babbar sun saƙa kansu kamar faifai, sun kewaye abin da ya rage na yarinyar, sun shiga ta ko'ina. Ba ta inda hannu zai shiga.

Shadrach ya ce, "Sai an sare babbar. In ba haka ba ba za ta fito ba."

Na duba saiwar, na duba yadda itacen ya karkata. Na ce, "Wagga ita kaɗai ta rage tana riƙe da shi. In kun sare ta, ɗorawa ta gama."

Malam Alfred ya ɗauki gatari ya ɗaga, ya tsaya, ya sauke. Ya sake ɗagawa. Ya sake saukewa. Sai ya zauna a bakin kabarin ya rufe fuska da hularsa.

Aka yi tsawa can nesa. Ƙasa ta ɗan zubo daga bakin tsagar, muka ji saukarta a ƙasan ramin.

Paulina ta cire takalmanta ta sauka. Ta karɓi gatarin daga hannun mijinta. Ta dafa saiwar da tafin hannu, ta daɗe a haka, bakinta na motsi, ban ji abin da take faɗa ba. Sannan ta fara sara. Mace ce da ba ta saba da gatari ba, saran na zamewa, amma ba ta bari kowa ya karɓa ba. Jan ruwa ya riƙa tsattsafowa daga saran yana ɓata mata riga. Da saiwar ta rabu, itacen ya yi wata ƙara daga sama har ƙasa, busassun ganye suka zubo mana a ka. Ni dai kuka nake, ba na ɓoyewa, ina yi ina tsine wa zinariya da wanda ya fara gano ta.

Sauran da wuƙa ta bi su, ɗaya bayan ɗaya, a hankali, kamar mai tsefe wa yarinya kai. Na kwance sabon zanen da na zo da shi na shimfiɗa. Tana miƙo mini ina jerawa. Ba ta bar ko ɗan ƙarami ba, sai da ta tankaɗe ƙasar da yatsunta. Da na naɗe zanen na ɗaga, bai kai nauyin mudun kalwa ba.

Iska ta taso. Shadrach ya ce mu yi sauri. Ya kawo wani kwali da ya ɗauro a bayan babur, ya ce a sa a ciki a ɗaure da roba, don hanyar ba ta da kyau kuma za a rarrafa kafin a fita.

Paulina ta dubi kwalin. Ta girgiza kai. Ta kwance ɗankwalinta mai faɗi ta warware shi, ta juya mini baya, ta sunkuya.

"Inna, ɗora mini ita."

Na ɗora mata. Ta ja ɗankwalin ta ɗaure a ƙirji, ta ɗan girgiza kafaɗa yadda ake yi don goyo ya zauna. Ɗigon farko ya sauka a kan ganye.

"Ta zauna daidai?" ta tambaye ni.

Na kai hannu na gyara wajen kan, na ce, "Ta zauna. Mu tafi, kada ruwa ya taɓa ta."